BABI NA HUƊU: LOKACI DA TUNA BAYA A CIKIN ƘAGAGGUN ALLOLIN PEGANA

4.0 Gabatarwa

A wannan babi za a yi nazarin yadda Lord Dunsany ya ƙagi abin bauta mai kula da lokaci a cikin littattafansa biyu na farko, wato The Gods of Pegāna (1905) da Time and the Gods (1906), tare da duba irin bautar da mutanen cikin labarin suke yi masa, ko kuma suka kasa yi masa. Abin da babin yake son tabbatarwa shi ne, a duniyar da marubucin ya gina, roƙo da hadaya ba su taɓa sa lokaci ya dakata ba, balle ya koma da baya. Abu guda da ya taɓa karya lagonsa shi ne tuna baya, shi ma ɗin ba gaba ɗaya ba.

Ya kamata a fayyace kalmomi biyu tun daga farko. Duk inda aka ce "alloli" ana nufin taurarin labari ne da marubucin ya ƙirƙira da kansa, domin babu wata al'umma a bayan ƙasa da ta taɓa bauta musu. Haka kuma, mutanen da ke magana da yawun waɗannan alloli marubucin ya kira su da kalmar da Turawa suke kiran annabawa da ita, amma tun da aikinsu ya fi kama da duba da tsafi, a nan za a riƙa kiran su bokaye.

4.1 Marubucin da Duniyar da ya Ƙaga

Ainihin sunan marubucin Edward John Moreton Drax Plunkett. An haife shi a Landan a 1878, ya gaji sarautar gidansu a 1899, inda ya zama Baron na 18 na Dunsany, a gundumar Meath ta ƙasar Ailan. Ya yi aikin soja har ya halarci Yaƙin Boer a Afirka ta Kudu, ya kuma rasu a Dablin a 1957. Littafinsa na 1905 shi ya biya kuɗin buga shi da kansa, wani mai zane da ake kira Sidney Sime ya yi masa hotuna.

Abin da ya bambanta wannan littafi da na gabaninsa shi ne rashin aro. Galibin marubuta labaran ban-al'ajabi sukan ɗauko halittun ɓoye ne daga abin da jama'arsu ta riga ta sani. Alal misali, aljanun da ke cikin Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara, waɗanda duk aka buga a 1934, ba baƙi ba ne ga Bahaushe, ya san su tun daga tatsuniya da labaran Dare Dubu da Ɗaya. Shi kuwa Dunsany daga tushe ya faro: ya ƙagi allolin, ya raɗa musu sunaye, ya raba musu ayyuka, ya gina musu ɗakunan tsafi, har ya ƙaga musu 'yan bidi'a masu saɓa wa sauran mabiya. Wannan ne ya sa masu nazari sukan ambaci sunansa idan ana maganar marubutan da suka zo bayansa, musamman H. P. Lovecraft na Amurka, wanda ya fara karanta shi a 1919.

Littafin ba shi da tauraro guda ko zaren labari guda. Gajerun babi-babi ne kimanin talatin, an rubuta su da tsohon Ingilishi irin na fassarar Baibul ta Sarki James ta 1611, domin mai karatu ya ji kamar littafin addinin wasu mutane ne da suka shuɗe. Tsarin duniyar kuwa shi ne: Ƙaddara da Katari sun yi ƙuri'a, ba a san wanda ya ci ba, amma wanda ya ci ɗin ya sa Mana-Yood-Sushai ya yi ƙananan alloli. Da ya gama sai ya kwanta barci, wani mai suna Skarl yana yi masa kiɗan ganga. Ranar da gangar ta yi shiru Mana zai farka, alloli da duniyoyi su gushe. Ke nan tun daga shafin farko an sanar da mai karatu cewa su kansu allolin wa'adi gare su, kuma wannan batu shi ne ginshiƙin duk abin da za a tattauna a ƙasa.

4.2 Sish da Karensa

Sish shi ne abin bautar da aka ba wa aikin hallaka sa'o'i. An siffanta shi a matsayin matafiyin da bai taɓa tsayawa ba, bai taɓa ja da baya ba, bai kuma taɓa juyowa ga abin da ya sani a da ba. A gabansa Kib ne, mai ba da rai, a bayansa kuma Mung, mai ɗauke shi. Duk abin da ke gaban Sish sabo ne mai ban sha'awa, duk abin da ya bari a baya ya tsufa ya yanƙwane. Idan aka dubi wannan jerin gwano na alloli uku, za a ga rayuwar ɗan'adam ce aka miƙe a kan hanya guda: haihuwa a gaba, mutuwa a baya, tsufa a tsakiya. Hausawa sukan ce waiwaye adon tafiya, to Sish matafiyi ne da aka hana wa wannan ado.

Abin lura na farko shi ne, Sish ba shi ne Lokaci ba. Lokaci karen farautarsa ne. A nan marubucin ya yi amfani da dabarun jawo hankali guda biyu a wuri ɗaya, wato mutuntarwa, inda sa'o'i suka zama kamar mayaƙan da ake aikawa su afka wa birane, da kuma dabbantarwa, inda Lokaci ya zama kare mai cinye duk abin da ya tarar. Wannan rabon aiki yana da ma'ana. Sish yana da nufi da zaɓi, yana iya cewa a ci nan a bar can. Kare kuwa yunwa kawai gare shi. Zaɓen karen farauta ma ya dace ƙwarai, domin ba ƙiyayya ke sa shi bin abin farauta ba, kuma ba ya gajiya da bin sawu, duk wanda ya sansana to ya shiga uku ko da bai yi laifin komai ba.

Makaman Sish ma abin dubawa ne. Ba a ba shi takobi ko aradu ba. Tsatsa ce da ƙura da ciyawa mai yaɗo a jikin bango. Waɗannan abubuwa ne da ba a jin ƙararsu, ba a kuma ganin ranar da suka fara aiki, sai dai a wayi gari a ga soro ya zama kufai. Marubucin ya fahimci cewa abin tsoro game da lokaci shi ne rashin hayaniyarsa, shi ya sa ma bai sa wa Sish magana a baki ba. Kib da Slid, mai mulkin teku, da Limpang-Tung, mai kula da raha da mawaƙa, kowannensu an ware masa babi na zantukansa. Mung ma yakan amsa wa waɗanda ya zo ɗauka. Amma a babin Sish ba a ji muryarsa ko sau ɗaya ba, iyakarsa nuni da hannu.

Daga ƙarshen babin sai aka kawo wani tsohon zance cewa wata rana karen zai juya wa iyayengijinsa, ya nemi kashe allolin, ban da Mana. A tatsuniyoyin Girkawa akwai Kronos, uban da ke haɗiye 'ya'yansa, wanda daga baya aka riƙa cakuɗa sunansa da kalmarsu ta lokaci. Dunsany, wanda ya yi karatun Girkanci a makaranta, ya kifar da wannan hoto. A wajen Girkawa babba ne ke cin na ƙasa da shi, a Pegana kuwa bara ne zai ci ubangidansa.

4.2.1 Lambun Wornath-Mavai

Tsakiyar babin Sish, kuma mafi daɗinsa, labarin wani lambu ne mai suna Wornath-Mavai, wanda ke cikin kwari yana fuskantar kudu. A can ne alloli suka taɓa tafiya a ƙasa suna magana kamar mutane, a can ne kuma Sish ya huta cikin furanni lokacin ƙuruciyarsa, kafin ya fita rushe birane. Wannan wuri kaɗai ya hana karensa shiga, Mung ma bai ƙetare iyakarsa ba. Har yanzu furannin suna nan yadda suke, har da malam-buɗe-littafi, wanda a ko'ina ba ya daɗewa a duniya. Dalilin da aka bayar shi ne, zukatan alloli ba sa yin laushi ga komai sai ga abin da suka fara tunawa.

Mai karatu na iya cewa marubucin ya yi tufka da warwara, domin a farkon babin an ce Sish ba ya sassauta wa abin da ya sani a da, ga shi kuma ya sassauta wa lambu. Wannan nazari yana ganin ba kuskure ba ne, hasali ma a nan jigon ya ɓuya. An kafa doka mai tsauri ne domin a nuna girman abin da ya iya keta ta. Girkawa sun ware wa tunawa allahiya ta musamman, Mnemosyne, wadda Hesiod ya ce ita ce uwar 'yan mata tara masu kula da waƙa da sauran fasahohi. Dunsany kuwa, duk da yawan allolin da ya jera a littafin 1905, bai ba tuna baya kujera a cikin manyansu ba. Maimakon haka sai ya mayar da shi wani rauni a cikin zuciyar mai hallakarwa. Da a ce akwai wani abin bauta na daban mai kare abubuwan da suka wuce, da labarin ya zama na kokawa tsakanin ƙarfi biyu, irin wanda aka saba gani. Yadda aka tsara shi yanzu, wanda ke rusawa shi ne kuma wanda ke kewa.

To amma wane irin tsira lambun ya samu? Allolin ba sa shiga cikinsa yanzu. Shi kansa Sish, tun da ba ya ja da baya, ba shi da hanyar komawa wurin da ya kare. Ya adana abin da ba zai ƙara mora ba. Wannan ita ce ainihin siffar tuna baya a rayuwar mutum: gidan da aka yi ƙuruciya yana nan daram a cikin zuciya, babu abin da ya tsufa a ciki, amma ba a komawa. Daɗin daɗawa, an ce wani boka ya taɓa hango lambun daga nesa a bayan duwatsu, nan take Sish ya nuna shi da hannu, ya saka masa kare, kuma karen yana bin sa har yau. Wato ɗan'adam bai san yana tsufa ba sai ranar da ya fara hangen ƙuruciyarsa daga nesa. Daga wannan rana ce yake fara jin takun kare a bayansa.

Akwai masu iya kwatanta wannan lambu da gonar da aka fitar da Adamu da Hauwa'u daga ciki, ganin cewa salon littafin na Baibul ne. Kwatancin bai yi nisa ba. A can akwai umarni da saɓawa da hukunci. A Wornath-Mavai babu wanda ya yi laifi, babu wanda aka kora. Tafiya ce kawai ta kama, aka bar wurin a baya.

Wani ɗan ƙaramin abin bauta da ya cancanci ambato a nan shi ne Jabim, ɗaya daga cikin allolin cikin gida, wanda ke zaune a bayan gida yana makokin abubuwan da suka karye aka zubar. Shi ne kaɗai aikinsa ya kusanci tuna baya, amma an ajiye shi a kan juji, ba shi da ikon gyara ko da kasko ɗaya. Wurin zamansa kaɗai ya isa ya nuna matsayin da marubucin ya ba wa wannan aiki a tsakanin masu iko.

4.3 Matsayin Bauta

Doka ta farko a addinin Pegana ita ce ba a roƙon Mana, sai ƙananan alloli. Shi ya sa manyan ɗakunan tsafi na kwarin Sidith da birnin Aradec ake kiran su ɗakin dukkan alloli ban da Ɗaya. Sish yana cikin waɗanda aka halatta a roƙa ke nan. Sai dai idan aka kwatanta babinsa da na 'yan'uwansa za a ga wani giɓi. Roon, mai sa tafiya, an faɗi abin da ake miƙa masa, wato wahalar tafiya da saurin ƙafa, turarensa kuma hayaƙin wutar zango. Mung yana da matsafa masu waƙa. Amma a babin Sish ba a ambaci matsafi ko hadaya ko ranar biki ba. Dalilin a fili yake: bauta irin ta Pegana ciniki ce, a ba ka ka bayar, shi kuwa wanda ba ya tsayawa ba a samun damar yin ciniki da shi.

Su ma matsafan Mung ɗin ba'a marubucin ya yi musu. A cikin waƙarsu sun amsa da bakinsu cewa wuni suke yi suna kiran Mung ba ya saurare, amma maganin da suka kawo shi ne jama'a su ƙaro musu kyautai domin su ƙara ɗaga murya, wataƙila a dace. Wannan zambo ne ga duk mai cin abinci da tsoron jama'a, kuma shi ne wuri mafi ban dariya a littafin.

Labarin boka Yun-Ilara ya fi wannan nauyi. Ya gina hasumiya a bakin teku, kullum rana za ta faɗi sai ya hau ya la'anci Mung, jama'a suna mamakin ƙarfin halinsa. Hukuncin da Mung ya yi masa shi ne ya ƙi zuwa ɗaukarsa. Shekaru suka yi ta wucewa, tsararrakinsa suka ƙare, har ya koma yana kiran Mung da sunaye masu daɗi yana roƙon ya zo, bai zo ba. A ƙarshe tarin ƙasusuwa ya rage a gindin hasumiyar, da wata murya da iska ke ɗauka. Kuskuren wannan boka shi ne bai gane abokin gabarsa ba. Ya zagi na baya a jerin gwanon, ya manta da na tsakiya, sai aka bar shi a hannun lokaci ba tare da mutuwar da za ta cece shi ba.

Wurin da aka gwada roƙon lokaci kai tsaye shi ne labarin Yadin da Trogool. Trogool ba abin bauta ba ne, ba kuma dabba ba. Yana zaune a kan duwatsu a can ƙarshen duniyoyi ta kudu, yana buɗe shafukan wani ƙaton littafi, baƙi da fari: baƙin shafi dare, farin shafi rana. Boka Yadin ya bi ayari zuwa Bodrahan, birnin da raƙuma ke yada zangon ƙarshe, ya shiga hamada, wasu tsuntsaye uku suka kai shi gaban Trogool. Da ya ga kwanakin da yake tunawa sun shige ƙarƙashin shafukan da aka riga aka juya, sai ya roƙi a koma baya zuwa sunan wani da ba a ƙara rubutawa ba. Abin da ya yi tayi da shi kuwa ita ce bauta: ya yi alkawarin cewa mutanen duniya za su riƙa kiran sunan Trogool. Amsar ita ce ko guguwa ba ta iya mayar da shafin da aka juya.

Wannan shi ne wuri mafi taɓa zuciya a littafin, kuma abin da ya ba shi ƙarfi shi ne abin da aka ɓoye. Ba a faɗi ko wane ne mamacin ba, uwa ce ko ɗa ko masoyiya, saboda haka kowane mai karatu zai sa nasa. Bugu da ƙari, labarin ya tona asirin bautar Pegana baki ɗaya. Yadin ya ɗauka duk mai iko yana kwaɗayin a ambace shi, domin haka ya saba gani ga ƙananan alloli. Sai ya haɗu da wanda yabo bai dame shi ba, jarinsa ya zama banza. Marubucin ya kuma bar ƙofar shakka a buɗe, domin an tsinci Yadin a hamada ƙishirwa ta galabaitar da shi, wasu suka ce mafarki ya yi, tsofaffin Bodrahan suka ce gaskiya ya gani.

4.4 Yaƙi da Kiɗa a Littafi na Biyu

A littafin 1906 annabcin da aka yi game da kare ya fara cika. A labarin farko, Lokaci ya zo wa alloli a siffar bawansu, hannuwansa jina-jina yana riƙe da takobi, ya shaida musu cewa ya rushe Sardathrion, birnin marmara da suke ƙauna fiye da kowane wuri. Allolin suka yi kuka, suka kuma fara tsoron ranar da zai juyo kansu. Idan aka tuna da Wornath-Mavai za a ga an ci gaba da mataki guda: a can tuna baya ya kare lambu, a nan ƙaunar alloli ba ta kare birni ba.

Da roƙo ya gaza, sai aka gwada ƙarfi. Sarki Karnith Zo na Alatta ya ƙi shawarar kai wa maƙwabta hari, ya zaɓi ya yaƙi Lokaci saboda ɓarnar da ya ga ya yi wa mutane da tsofaffin ɗakunan tsafi. Ya ja runduna har gindin ganuwarsa, amma da suka fara hawan tudu sai Lokaci ya riƙa jifansu da shekaru, gwiwoyi suka sage, kawuna suka yi furfura, suka juyo. Da suka iso gida suka tarar abokin gaban ya riga su zuwa. Labarin yana da daɗi, sai dai saƙonsa bai wuce abin da mai karatu ya hango tun daga farko ba.

Wanda ya fi muhimmanci ga wannan nazari shi ne labarin kogon Kai. Sarki Khanazar ya nemi a dawo masa da jiyansa da wasu kwanakin da suka wuce, aka gaya masa cewa duk suna shiga wani kogo ne mai nisa wanda Kai ke gadi. Ya tafi da kansa, Kai ya hana shi ko da kwana ɗaya. Bayan ya dawo cikin baƙin ciki sai ga wani makaɗi da abin kiɗa mai tsirkiya da yawa, ya ce wasu 'yan guntayen sa'o'in da suka wuce sun maƙale a jikin tsirkiyoyinsa. Da ya kaɗa, sai sarki ya ga kwanakinsa sun taso. Daga nan sarki ya riƙe shi kusa, domin ayyukansa su riƙa maƙalewa a tsirkiya kafin su kai ga Kai.

Wannan hoto ba baƙo ba ne ga wanda ya san aikin makaɗan fada irin su Narambaɗa da Ɗanƙwairo, waɗanda waƙoƙinsu suka riƙe sunayen sarakuna bayan an rufe su da ƙasa. Harshen Hausa ma ya tanadi kalma guda da ta haɗa ɓangarorin biyu na wannan babi, wato roƙo. Akwai roƙo irin na Yadin, na mai neman a ba shi, akwai kuma roƙo irin na maroƙi, wanda aka ce tuna baya shi ne shi. A Pegana na farkon ya dawo hannu rabbana, na biyun ne ya samo wani abu. Abin da ya samo ɗin ma guntaye ne, kuma jin su ake yi, ba a sake rayuwa a cikinsu.

Sai dai akwai tambayar da labarin bai yi ba: kwanakin wa ake cetowa? Makaɗin yana tsaye ne kusa da sarki. Kwanakin makiyayi da na mai jan raƙumi a ayarin Bodrahan kai tsaye suke wucewa kogo, babu tsirkiyar da ta tare su. A nan matsayin marubucin ya leƙo. Shi ɗan gidan sarauta ne mai tsohon tarihi, kuma ya yi rubutun ne jim kaɗan bayan dokar filaye ta Wyndham ta 1903, wadda ta buɗe wa manoman Ailan hanyar sayen gonakin da suke haya daga hannun manyan masu ƙasa. Ba za a ce littafin sharhi ne a kan wannan doka ba, amma ba abin mamaki ba ne mutumin da ke kallon ikon ajinsu yana zagwanyewa ya yi ta zana iyayengiji masu kuka a kan birnin marmara, suna satar kallon bawansu.

4.5 Wasu Raunuka

Babban raunin da aka gano shi ne rashin daidaito a siffar lokaci. A littafi na farko kare ne a hannun Sish, a na biyu bawa ne mai takobi, a labarin Karnith Zo kuma mai ganuwa ne da ke zaune a ƙasarsa. Shi kansa Sish, wanda aka gina da kyau, ya dusashe a littafi na biyu. Haka nan makomar abin da ya wuce ta kasu uku: kare ya cinye shi, ko yana ƙarƙashin shafin Trogool, ko yana kogon Kai. Ana iya kare marubucin da cewa tatsuniyoyin al'ummu na gaskiya ma haka suke saɓa wa juna, kuma ga alama da gangan yake kwaikwayon hakan. Duk da haka, takobi da jini sun rage wa lokaci kwarjinin da tsatsa da ƙura suka ba shi, sun mayar da shi ɗan ta'adda irin na kowane labari.

Na biyu, ɓangaren bauta bai samu kulawar da ɓangaren alloli ya samu ba. Ana jin bokaye da sarakuna, amma talakawa murya guda gare su, ba a ga yadda tsohuwa ko manomi ke tunkarar waɗannan alloli a cikin gida ba, mata kuwa kusan babu su. Hamada da raƙuma da ayari ma ado ne kawai irin na Gabas da Baturen wancan zamani yake hasashe daga nesa, ba wurin da mutane ke zufa a ciki ba.

Inda dabarar saɓanin ruwaya ta yi aiki sosai shi ne ƙarshen littafin farko. Ruwayar da aka fi bi ta ce bayan alloli sun shiga jiragen ruwansu na zinariya sun tafi, kare zai rasa abin ci, ya faɗi ya mutu. Amma wata ƙungiyar 'yan bidi'a da ake kira Saigoth ta ce Mung zai tsaya shi kaɗai ya fuskanci karen har kwana biyu cikin duhu, karen ya cafke maƙogwaronsa, shi kuma ya sare shi da takobinsa, takobin ya yi tsatsa a cikin jinin Lokaci. Marubucin bai zaɓi ɗaya daga cikin ruwayoyin ba. A duka biyun kuma ba a ambaci inda Sish yake ba a lokacin da karensa ke mutuwa, ba a kuma faɗi abin da ya sami lambun da ke fuskantar kudu ba.